Kamance a Littattafan Kimiyya na Gama-gari: Tsokaci a Kan Gamow da Hawking da Petzold

1.0 Gabatarwa

Akwai wani rukuni na littattafai da masana lissafi da fiziks da kwamfuta kan rubuta domin mai karatun da ba ɗalibin fannin ba ne, sha'awar sani kawai ta kawo shi. Manazarta harshe ba su cika waiwayar irin waɗannan littattafai ba, alhali kuwa aikin da ke cikinsu aikin harshe ne. Marubucin yakan ɗauko abin da aka tabbatar da alamomin lissafi, ya mayar da shi magana ta yau da kullum, kuma babban makaminsa a nan shi ne kamance. Wannan muƙala za ta yi tsokaci a kan uku daga cikinsu: One, Two, Three... Infinity na George Gamow, na 1947, da A Brief History of Time na Stephen Hawking, na 1988, da kuma Code na Charles Petzold, na 1999. Ma'aunin da za a yi amfani da shi guda ɗaya ne, wato ko kamancen yana sa mai karatu ya bi hujja da kansa, ko kuwa yana maye gurbin hujjar ne.

2.0 Gamow: Gwaninta da Tuntuɓe

Ƙarfin Gamow shi ne misalansa suna da ƙofar shiga. Ya kawo labarin wazirin da ya roƙi sarki ƙwayar alkama ɗaya a gidan farko na allon dara mai gida 64, biyu a na biyu, huɗu a na uku, ana ta ninkawa. Jimillar ita ce 18,446,744,073,709,551,615. Duk mai alƙalami da haƙuri yana iya gwadawa ya ga yadda ninki ke gudu. Haka kuma misalin masaukin David Hilbert mai ɗakuna marasa iyaka: ko da ya cika, in baƙo ya zo, sai na ɗaki na 1 ya koma na 2, na 2 ya koma na 3, a samar wa baƙo ɗaki na 1. A nan kamancen shi ne hujjar kanta.

Sai dai littafin ya yi tuntuɓe tun daga bakin ƙofa. Gamow ya buɗe da da'awar cewa wasu al'ummomin kudancin Afirka ba su da sunan lamba da ta wuce uku. Wannan magana ta matafiyan Turai ce da bai tantance ba. Harshen Nama, wanda ake yi a Namibiya, yana da haka don 4, da koro don 5, da disi don 10. Littafin Claudia Zaslavsky, Africa Counts, na 1973, ya nuna zurfin ƙidaya a Afirka, har da tsarin Yarbanci mai tafiya ashirin-ashirin da ɗebewa, da aikin Muhammad bn Muhammad al-Kashinawi, malamin Katsina da ya yi rubutu a kan hatimi a 1732, ya kuma rasu a Alƙahira a 1741. Ke nan Gamow ya yi taka-tsantsan da lambobi, amma ya yi sakaci da harsunan mutane.

3.0 Hawking: Kalma a Madadin Hujja

Littafin Hawking ya fi sauran biyun suna, domin ya yi mako 237 a jerin littattafan da suka fi kasuwa na jaridar Sunday Times. Marubucin ya bayyana cewa an gargaɗe shi kowane jerin alamomin lissafi zai rage masu saye da rabi, saboda haka guda ɗaya tak ya sa, wato E=mc². Wannan shawara ta kasuwa ta bar wa kalmomi nauyin da ba za su iya ɗauka ba.

Babban misali shi ne abin da za a iya fassarawa da "ƙagaggen lokaci", wanda Hawking ya gina ra'ayinsa na duniya marar iyakar farko a kansa. Mai karatu zai ɗauka ana nufin lokacin da tunani ya ƙirƙira. Ba haka ba ne. Kalmar ta fito ne daga sunan da René Descartes ya ba wasu lambobi a 1637, waɗanda tushensu shi ne lambar da in aka ninka ta da kanta take ba da -1. Hawking ya taɓo wannan a gurguje ya wuce. Gamow kuwa ya sa mai karatu ya yi aiki da waɗannan lambobi wajen gano inda aka binne dukiya a wani tsibiri. Wanda ya gama da Gamow ya koyi wani abu. Wanda ya gama da Hawking sau da yawa sunan abin kawai ya riƙe.

Adalci ne a faɗi cewa babukan farko, daga Aristotle zuwa Newton da Einstein, suna da tsari da daɗin karatu. Haka kuma dole mai karatu na yau ya tuna cewa ilmin ya ci gaba: a 1998 aka gano faɗaɗar sararin samaniya ƙara sauri take yi, a 2019 kuma aka fitar da hoton farko na abin da ake kira "baƙin rami".

4.0 Petzold: Gini Tubali-tubali

Petzold ya fara da yara biyu maƙwabta masu son yin zance da dare ta hanyar kunna tocila da kashewa. Daga nan ya shiga alamomin Morse, sannan rubutun makafi na Braille mai ɗigo 6 da ke ba da siga 64, sannan makunnin wayar tangaraho. Da waɗannan makunnai ya gina da'irar da ke tara lambobi, da wadda ke adana su, har aka kai ga kwamfuta sukutum. Mai karatu yakan ga da idonsa yadda 1101 ke nufin 13, wato 8 da 4 da 1. A nan tocila ba ado ba ce, domin kunnawa da kashewa su ne ainihin abin da injin ke yi. Rauninsa shi ne tsakiyar littafin ta cika da zane-zanen da ke gajiyar da mai gaggawa. Duk da haka, bisa ma'aunin wannan muƙala, shi ne ya fi cika sharaɗi.

5.0 Darasi ga Masu Rubutu Cikin Harsunanmu

Hausa ba baƙuwa ba ce a wannan fage, tun da Ikon Allah na R. M. East da Abubakar Imam ya fito a 1949. Haɗarin da ke gaban masu fassara shi ne kwaso kamancen Ingilishi tare da kurensa. "Baƙin rami" ba rami ba ne. Abu ne da ya dunƙule har ƙarfin jansa ya hana haske fita. "Babbar fashewa", sunan da Fred Hoyle ya laƙaba a rediyon BBC a 1949, yana sa a zaci wani abu ne ya tarwatse a cikin fili, alhali filin ne da kansa yake faɗaɗa. Haka nan "na'ura mai ƙwaƙwalwa" tana ba injin tunanin da Petzold ya nuna ba shi da shi. Tun da harsunanmu ba su gaji waɗannan sunaye ba, muna da damar zaɓen waɗanda suka fi su dacewa, muddin masanin harshe ya zauna da masanin fannin kafin a ƙirƙiri kalma.

6.0 Kammalawa

An ga cewa darajar littafin kimiyya na gama-gari ba ta rataya ga yawan cinikinsa ba, sai ga irin aikin da kamancensa ke yi. Petzold ya ba da hujja a hannu, Gamow ya yi haka amma ya yi kure a kan harsunan Afirka, Hawking kuwa ya bar kalma ta tsaya a gurbin hujja a inda aka fi bukatar ta. Wanda zai rubuta irin wannan littafi da Hausa ko Yarbanci ko Ibo, ya kamata ya auna kowane misali da tambaya ɗaya: shin mai karatu zai iya gwada shi da kansa?