Anna, sarauta da Musulunci: sake duba littafin Guy Nicolas a kan ƙasar Maraɗi

Duk mai nazarin addini da mulki a ƙasar Maraɗi sai ya bi ta kan littafin Guy Nicolas, Dynamique sociale et appréhension du monde au sein d'une société hausa, wanda aka buga a Paris a 1975. Mun sake karanta shi muna tunanin ƙauyukan Gobir irin su Gidan Sori, cikin gundumar Gidan Rumji.

Nicolas ya kasa al'umma gida uku: anna masu riƙe da gado da tsafin kakanni, gidan sarauta, sannan malamai da Musulunci. A wajen bayanin anna aikin ya fi ƙarfi. Ya nuna yadda noma, farauta da ƙira kowanne ke da zuri'arsa da iskokinsa, da yadda sarki ba ya iya raba kansa da masu ƙasa ko da yana salla. Wanda ya san matsayin Inna a fadar Tsibiri, inda Gobirawa suka kafa birni bayan yaƙin Gawakuke na 1836, zai ga gaskiyar wannan. Aikin Jacqueline Monfouga-Nicolas na 1972 a kan bori ya cike gefen mata.

Inda muke da ja shi ne rabon kansa. A kan takarda gidajen uku sun tsaya daram, amma a ƙauye mutum guda yakan je wurin malam da safe, ya yi yanka a gonar gado in damina ta kawo jiki, bai kuma ga saɓani ba. Kalmar anne ma takan zama zagi a bakin wani, suna a bakin wani, kuma mai bincike da ya mai da ita sunan rukuni ya ɗauki gefe ko bai sani ba.

Na biyu, littafin ya ba daidaito tsakanin gidajen nauyi fiye da kima. Alhazan da Emmanuel Grégoire ya bayyana a 1986, da Izala da ta shigo daga Najeriya bayan kafa ta a Jos a 1978, sun kawo Musuluncin da ba ya neman sulhu da bori. A tarzomar Nuwamba 2000, wadda ta tashi kan bikin nuna tufafi na FIMA, an kai hari gidan Iya ta Maraɗi. Barbara Cooper ce ta yi nazarin wannan, kuma littafinta na 2006 ya ƙara gida na huɗu, wato Kiristocin mishan SIM.

Duk waɗannan ayyuka da Faransanci ko Ingilishi aka rubuta su. Jikokin waɗanda aka yi hira da su ba su sami damar cewa e ko a'a ba. Muna ganin fassara babin anna zuwa Hausa, a karanta shi gaban dattawan Gidan Sori da Tsibiri, shi ne gwajin da ya rage.