Ƙasar Irami Ba Ta da Taswira

Malamin makaranta a Dakoro da ya karanta wa ɗalibansa Ruwan Bagaja, sa'an nan ya ce su zana masa hanyar da Alhaji Imam ya bi, zai ga alli ya tsaya da wuri. Za su sa Kwantagora, inda labarin ya taso, su sa Tambutu, daga nan sai kallon juna. Sauran garuruwan suna da suna, suna da sarki da alƙali da kasuwa, amma ba mai iya cewa wannan yana gabas da wancan. Ƙasar Irami kuwa, inda ruwan yake a hannun aljannu, ba a san ta ina ake ɓullo mata ba.

A labaran ƙasashen mafarki na Turawa abin ya sha bamban. Robert Louis Stevenson ya fara zana tsibirinsa ne kafin ya rubuta Treasure Island, wanda ya fito a 1883, kuma duk rikicin littafin, da jirgin ruwa da ƴan fashin tekun da suka ɓuya a cikin ma'aikatansa, a kan takarda guda ake yin sa. Wanda ya riƙe taswira shi ya riƙe dukiya.

Abubakar Imam, wanda ya rubuta nasa littafin domin gasar da Rupert East ya shirya a Zariya a 1933, ya gaji wata al'ada dabam. A ƙasar Hausa sanin hanya a kan mutum yake: madugu ya san zango, jagaba ya san rijiya, wanda bai sani ba kuma ya yi tambaya, tun da matambayi ba ya ɓata. Saboda haka ne Alhaji Imam ba ya ɗauke da komai sai bakinsa. Mutum yake samu ya tura shi gun wani mutum. Macucin labarin ma, Malam Zurƙe ɗan Muhamman, da baki yake cuta, shi da Alhaji suna ramuwar gayya daga gari zuwa gari, irin yadda jaruman Muƙamar Hariri suke haɗuwa su rabu su sake haɗuwa. Nan ƙarfin littafin yake, domin mai karatu ba ya jiran a iso, jira yake ya ga wa zai kayar da wani.

Amma rashin taswirar yana da farashi, kuma bai kamata girman marubucin ya hana a faɗa ba. Garuruwan nan kusan duk fuskarsu ɗaya. In aka sauya musu jeri, labarin ba zai ji ciwo ba. Da Alhaji ya rabu da Zurƙe ya nufi ƙasar aljannu, sai armashin ya ragu, domin duniyar da aka shiga aro ce daga labaran Gabas irin na Dare Dubu da Ɗaya. Haka abin yake ga Ganɗoki na Bello Kagara: yaƙe-yaƙensa da Nasara suna da ƙura da sunayen wurare, zamansa cikin aljannu kuwa babu ƙasa a ƙarƙashinsa. Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa ne ya fi su a wannan fanni. Hamadarsa ba ta da aljani ko ɗaya, amma sace yaro da ayarin bayi da guguwar rairayi sun fi kowane dodo ban tsoro. Yaron da ya tashi a bakin kwarin Tarka, wanda bai taɓa ganin teku ba, ya san abin da ake nufi da nisan rijiya.

Abin lura shi ne, taswirar yaudara da ƙagaggen labari bai ba mu ba, tarihi ya ba mu ita. A 1824 Hugh Clapperton ya iso Sakkwato yana neman sanin inda Kwara ta ƙare. Ya rubuta cewa Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya zana masa kogin a ƙasa yana faɗawa teku. Amma taswirar takarda da aka ba shi, wadda aka buga a Landan a 1826, ta nuna kogin ya miƙe gabas zuwa Misira. Wasu masana tarihi suna ganin da gangan aka yi, don kada jiragen Ingila su gane ƙofar shigowa. Wasu kuma suna ganin bin littattafan Larabawa ne kawai. Sai a 1830 Richard Lander da ƙanensa John suka bi kogin cikin kwalekwale har teku.

Turawan ma ba su tsira ba. James Rennell ya zana duwatsun Kong a 1798, dogon jeri da ya ratsa Afirka ta Yamma, aka yi ta kwafarsa kusan shekara 90 kafin Binger ya je ya tarar babu su. A 1898 kuma, a birnin Paris, wakilan Faransa da Ingila suka kafa tsinin alƙalami a Sakkwato suka zagayo mil 100, suka ce iyaka ke nan. Birnin Ƙonni da Maraɗi suka faɗa rabon Ingila. Da sojojin Faransa suka nemi hanya daga kogi zuwa Zindar, sai suka tarar an bar musu daji mai ƙarancin ruwa, har dai aka sake zama a 1904 da 1906 aka sauko da layin kudu. Masu zanen sun auna komai daidai, rijiya ce kaɗai ba su tambayi kowa ba.