Vasil Gendov da Wahalar Auna Aikin da Ya Ɓace

A tarihin sinima ta ƙasar Bulgeriya babu sunan da a ke fara ambata kafin na Vasil Gendov, wanda aka haifa a garin Sliven cikin 1891, ya rasu a Sofiya cikin 1970. Shi ne ya shirya fim ɗinsu na farko mai labari, watau Balgaran e galant, wanda aka nuna cikin Janairu 1915. Shi ya tsara labarin, shi ya ja ragamar aikin, shi ne kuma babban ɗan wasa.

Labarin kuwa gajere ne. Wani ɗan ƙwalisa ya raka wata mace kasuwa, ta yi ta sayayya da kuɗinsa, ya ɗauko mata kaya niƙi-niƙi. Suna cikin tafiya sai ga mijinta, shi kuwa ya ɗauki ɗan ƙwalisan nan ɗan dako ne, ya sallame shi da 'yan kwabbai. Ko shakka babu, daga Max Linder, ɗan wasan ban dariya na Faransa, Gendov ya ɗauko salonsa. Ba abin kunya ba ne, gama kowane maƙeri a maƙerar wani ya fara riƙe guduma.

Amma fa ga inda gizo ke saƙar. Wannan fim ya ɓace, hoto ɗaya ko biyu kaɗai suka rage daga cikinsa. Masu yabonsa a yau labarinsa su ke yabo, ba aikin ba. Yadda aka yanka fim aka haɗa shi, da wurin da aka tsaya a kan fuska, da wurin da aka wuce da sauri, nan ne gwaninta ta ke, kuma babu takardar da za ta iya adana ta. Wanda ke son shaida sai ya nemi Lyubovta e ludost na 1917, wanda ya tsira. A cikinsa ma ɗan wasa ya rinjayi mai shiryawa.

Darajarsa ta fi fitowa sa'ad da ya bar kwaikwayon Faransawa ya juyo gida. Cikin 1922 ya mai da Bay Ganyo, littafin Aleko Konstantinov, fim. Cikin 1933 ya yi Buntat na robite, fim na farko mai magana a ƙasar, a kan Vasil Levski, wanda Daular Usmaniyya ta rataye cikin 1873. A nan ne 'yan kallo suka fara jin harshensu na fitowa daga majigi.