Muryar Na'ura da Gadon Kiɗa a Arewacin Tawa

A ƙasar Hausa, da an ji makaɗi ya iya, tambayar da ke biyo baya ita ce: ɗan wa ne? Kiɗa sana'a ce ta gado kamar ƙira da fawa da wanzanci. Musa Ɗanƙwairo ya tashi ya tarar da mahaifinsa Usman Ɗankwanda yana kiɗa, ya shiga cikin 'yan amshi tun yana yaro, kunnensa ya nuna a nan. Wanda ya shigo sana'ar ba ta gida ba ana kiransa ɗan haye, kuma sai ya yi aiki ninki biyu kafin a yarda da shi, ko da kuwa Mamman Shata ne. Wajen Abzinawa ma akwai iyaka irin wannan: gogen imzad da gangar tende na mata ne, kiɗan yabo da molo kuwa yana hannun maƙera da zuriyar maroƙa. Abin da uba yake miƙa wa ɗa a wannan tsari ya wuce waƙoƙi da take. Yana miƙa masa sanin sauti kansa: yadda ake ɗaure tsarkiya, lokacin da fata take son wuta, inda ake dasa yatsa a kan izgar goge har murya ta fito daidai.

Turai ma ta san irin wannan gida. A Italiya, wajen 1588, Vincenzo Galilei, makaɗin molon Turawa kuma mai binciken sauti, ya riƙa rataya nauyi a jikin tsarkiya yana saurare. Ya gano cewa idan ana son sautin tsarkiya ya ninka tsayinsa, sai an ninka nauyin sau huɗu, abin da ya saɓa wa abin da littattafai suka daɗe suna koyarwa. Ɗansa Galileo ya ɗauki awon ya tafi da shi kimiyya. Wani ɗan nasa, Michelagnolo, ya ɗauki molon ya zama makaɗin fada a Munich. Gida ɗaya ya riƙe awon sauti da bugunsa.

A zamaninmu hanyoyin biyu sun rabu. Mai awon sauti yana wata nahiya, makaɗin da zai ci gadonsa yana wata, kuma ba su taɓa haɗuwa ba. Misalin da ya fi kusa da mu ya fito ne daga arewacin jahar Tawa, inda duwatsun Adar suke ƙarewa, filin Azawak ya buɗe, wato yankin Abalak da Cintabaradan.

Mai awon shi ne Andy Hildebrand, Ba'amurke, wanda ya yi digirin dakta a fannin injiniyan lantarki a Jami'ar Illinois, ya kama aiki da kamfanin mai na Exxon. Aikinsa sauraren ƙasa ne. Masu neman mai suna aika girgiza cikin ƙasa, sautin ya bugi shimfiɗun duwatsu ya dawo, na'urori su kama amsa-kuwwar, sai lissafi ya zana abin da ke ƙarƙashi. Hildebrand mai busa sarewa ne tun ƙuruciya, kuma bayan ya bar harkar mai ya koma karatun tsara kiɗa a Jami'ar Rice. A 1997 kamfaninsa na Antares ya fitar da manhajar Auto-Tune. Dabararta ita ce ta ɗauki muryar mutum ta gwama ta da kwafin kanta da aka ɗan jinkirta, har ta gano sau nawa sautin yake maimaita kansa cikin daƙiƙa. Da ta san wannan adadi ta san tsayin muryar, sai ta ja ta zuwa mataki mafi kusa a ma'aunin da aka ba ta. Nufinsa gyara ne a ɓoye, yadda mai saurare ba zai san an taɓa komai ba. Amma ya bar maɓallin da ke ƙayyade saurin gyaran, kuma idan aka murɗa shi zuwa sifiri, murya takan daina gangarawa daga sauti zuwa sauti, ta riƙa tsalle. A 1998 masu haɗa waƙar Believe ta Cher suka yi hakan da gangan, duniya ta ji.

Kano ta karɓi wannan murya hannu biyu. Masana'antar fim ta riga ta gina kiɗanta a kan fiyanon Yamaha, da waƙar namiji da mace irin ta finafinan Indiya, wadda aka yi wa laƙabi da nanaye. Da manhajar ta shigo situdiyoyi a shekarun 2000, ba a ɓoye ta ba. An buɗe ta har ƙarshe, musamman a kan muryar mata, har ta zama alamar da ake gane waƙar fim da ita tun daga nesa. Kaset da faifai suka kwashe ta zuwa Maraɗi da Damagaram, ta bi Illela da Birnin Ƙonni ta isa Tawa, ta hau motocin Agadas.

Makaɗin kuwa shi ne Mahamadou Souleymane, wanda duniya ta sani da Mdou Moctar, Ba'abzine ɗan Azawak da aka haifa a shekarun 1980. Cikakken ɗan haye ne. Gidansu na addini ne, ba su son ya yi kiɗa. Ya ga makaɗi Abdallah Oumbadougou yana buga jita, abin ya shiga ransa, sai ya sami katako ya ɗaura masa wayoyin birkin keke ya fara koyo, da hannun hagu. Kiɗan da ya ɗauko shi ma baƙo ne a gidan Abzinawa. Matasan da fari da rashin aiki suka kora Aljeriya da Libiya a shekarun 1970 da 1980 ne suka ƙirƙiro shi, ƙungiyar Tinariwen tana gaba, kuma bayan kashe-kashen Cintabaradan na watan Mayun 1990 ya zama muryar tawaye, ana kwafar kasetinsa hannu da hannu. Kiɗa ne mai ɗauke da kewa da siyasa, mai nauyi, wanda ba ya son wasa.

A 2008 Mdou ya sauka Sakkwato ya shiga situdiyo, ya fito da faifan Anar. Harshen Tamashek ne, salon jita na Abzinawa ne, amma gangar ta na'ura ce, muryar kuma an bi da ita ta cikin Auto-Tune kamar yadda ake yi wa mawaƙan fim. Babu kamfanin da ya fitar da shi a lokacin. Waƙoƙin sun bi memori da Bluetooth daga salula zuwa salula, suka ratsa Sahara har Kidal ta ƙasar Mali, inda wani Ba'amurke mai tattara waƙoƙi, Christopher Kirkley, ya kwafe su daga wayoyin mutane. Waƙar Tahoultine ta shiga tarin Music from Saharan Cellphones da kamfaninsa na Sahel Sounds ya fitar a 2011. Daga nan ƙofa ta buɗe: Afelan a 2013, wanda aka ɗauka a Cintabaradan, fim a Agadas a 2015, sai Afrique Victime a 2021 a ƙarƙashin kamfanin Matador, da Funeral for Justice a 2024.

Masu sukar muryar na'ura sun kasu biyu. Dattawanmu suna cewa na'ura tana rufa wa marar murya asiri. Wasu masu sauraren Turai kuma suna ganin ta gurɓata abin da suke ɗauka kiɗan hamada ne tsantsa, sun fi son Mdou na daga baya, mai jitar lantarki da ihun taro. A ganina dukansu sun kuskure wa Anar. Wanda ya saurare shi da kunne biyu zai ji cewa na'urar tana aiki ne a daidai wurin da mawaƙin Sahel ya fi nuna gwaninta, wato wurin karya murya. Mawaƙanmu, da masu ƙira'a, da masu bege, ba sa tsayawa cak a kan sauti ɗaya. Suna zagaya shi, su taɓa na sama, su dawo, su ja gaɓa ɗaya ta ratsa sautuka uku ko huɗu. Auto-Tune ba ta da abin yi da muryar da ta tsaya wuri ɗaya. Sai murya ta motsa take kama ta, ta yanka gangarar gunduwa-gunduwa, kowace lanƙwasa ta fito da kaifi kamar ana toshe ramukan algaita da yatsu. Saboda haka wanda bai iya karya murya ba, na'urar ba ta da abin da za ta ƙawata masa. Marubuci Jace Clayton ya lura da irin wannan a waƙoƙin Barbar na Maroko, inda manhajar ta samu gindin zama sosai. Kunnen da ya saba da algaita da goge da guɗa mai tsini bai ji baƙunta a wannan murya ba, ya ji dangi.

Akwai kuma abin da faifan ya faɗa game da Tawa kanta. Garin mahaɗa ne tun asali: manomin Adar da makiyayin Azawak suna cin kasuwa ɗaya, Ba'abzine yana ciniki da Hausa, ɗan ci-rani yana dawowa daga Abijan ko Legas da rediyo da sabon yayi. Saurayin da ya tashi a wannan yanki yana jin Oumbadougou da waƙar fim ɗin Kano a salula ɗaya, kuma bai ga dalilin raba su ba. Anar shi ne sautin wannan salula. Ina ganin ya fi faya-fayan da suka biyo baya faɗin gaskiyar abin da matasan Abalak suke saurare a 2008, duk da cewa na bayan sun fi shi ƙarfi da ƙwarewar hannu.

Sai dai gadon Hildebrand ya zo da sharaɗi, kuma a nan ne damuwata take. Manhajar tana jan murya zuwa mataki mafi kusa, to amma matakan wa? Idan ba a sauya mata komai ba, tana bin ma'aunin fiyano: tazarar da ke tsakanin sauti da ninkinsa an raba ta gida 12 daidai wa daida, an kafa ta a kan sauti mai kaɗawa 440 a daƙiƙa. Wannan rabo yarjejeniya ce da Turawa suka cimma don kayan kiɗansu su yi jituwa da juna. Goge bai san da ita ba. Tsarkiyarsa ɗaya ce ta izgar doki, babu ƙarfen da ya raba wuyansa gida-gida, yatsan makaɗi ne yake yanke hukunci. Mai kalangu yana matse tsarkiyoyi a hammata, sauti ya hau ya sauka yana bin karin magana. Mai gurmi yana ɗaure nasa gwargwadon muryarsa ta ranar. Yawancin waƙoƙinmu matakai biyar suke takawa, kuma ba dole ne waɗannan biyar su faɗa daidai kan maɓallan fiyano ba. Wannan ɗan bambanci, wanda kunne yake ji ko da baki bai iya faɗarsa ba, yana cikin abin da yake sa a gane kiɗan bori na Adar daga na wani wuri. Idan kowace murya ta bi ta ƙofa ɗaya, mawaƙin Keita da na Kano da na Atlanta za su riƙa sauka a kan sauti ɗaya tak. Yaron da ya koyi waƙa daga salula yana ɗaukar ma'aunin Yamaha a matsayin daidai, har ya ji gogen kakansa kamar ya kauce.

Hausa ta fi Tamashek shiga haɗari a nan, domin harshe ne mai karin sauti. Gaɓa mai faɗuwa gangara ce daga sama zuwa ƙasa a numfashi ɗaya, kuma na'ura tana mayar da ita tsalle biyu. Ma'ana ba ta ɓacewa, amma laushin lafazin yana raguwa, kuma duk wanda ya saurari Shata sannan ya saurari waƙar fim zai ji inda aka yi asarar.

Jita ma tana da nata ƙarafan a wuya, masu bin rabon nan na 12. Abin lura shi ne yadda Mdou, bayan ya ajiye Auto-Tune, ya koma neman gangarar da yatsunsa: yana tura waya gefe, yana murza ta, yana buga ƙananan sautuka da sauri tsakanin manyan. Adon da na'ura ta yi wa muryarsa a Sakkwato shi ne yake fitarwa daga jitar Fender a dandalin Amurka. A ƙauyen Illighadad, can wajen Abalak, Fatou Seidi Ghali ta bi wata hanyar. Ta koyi jita da kanta a kan ta ɗan'uwanta, ta haɗa ta da tende, turmin da aka rufe da fatar akuya, da ƙwaryar da ake kifawa a ruwa. Faifan Les Filles de Illighadad na 2016 fuska biyu gare shi, ɗaya jita, ɗaya tende da amshin mata a fili, inda babu abin da yake gyara murya sai muryar da ke kusa da ita. Wannan fuska ta biyu tana adana abin da situdiyo yake gogewa.

Tawa ta san darajar makaɗanta. Sunan Ɗan Gurmu, mawaƙin gargajiya na garin, shi aka ba gasar kiɗan zamani ta ƙasar Nijar tun shekarun 1980. Tarihin Adar ya samu Djibo Hamani, wanda jami'ar garin take ɗauke da sunansa yanzu, borin Adar da maƙeranta kuma sun samu Nicole Echard. Abin da nake fata kiɗan yankin ya samu shi ne mai awo irin Vincenzo, wanda zai zauna gaban mai goge da mai gurmi da tsohuwa mai imzad ya auna inda sautukansu suke sauka. Lissafin da Hildebrand ya yi amfani da shi wajen gyara murya shi ne dai yake auna ta, kuma yau kwamfutar ɗalibi tana iya yin sa. Auto-Tune kanta tana ba da damar a matsar da kowane mataki sama ko ƙasa da ɗan kaɗan, har a gina ma'auni sabo. Da za a rubuta matakan gogen Adar da lambobi, mai situdiyo a Tawa ko Sakkwato zai iya shigar da su cikin manhajar a zama ɗaya, ta riƙa jan muryar mawaƙi zuwa inda mai goge yake dasa yatsansa.