Hausa a Ƙananan Makarantun Sakandire na Jihar Legas: Nazari a kan Manhaja da Littattafai da Jarrabawa

1.0 Gabatarwa

Manufar Ilmi ta Ƙasa, wadda aka fara bugawa a 1977 aka kuma sabunta ta a 1981, ta tanadi cewa ɗalibin ƙaramar sakandire zai koyi harsunan Nijeriya guda biyu: harshen yankin da yake zaune, da ɗaya daga cikin Hausa da Igbo da Yarabanci wanda ba nasa ba. An rataya wannan tanadi a kan samuwar malamai, kuma da wannan sharaɗi aka shiga tsarin 6-3-3-4 a 1982. Tun daga lokacin, duk sa'ad da aka tambayi dalilin da ya sa Hausa ba ta kafu a makarantun kudu ba, amsar da ake bayarwa ita ce ƙarancin malamai. Wannan maƙala ba ta musa ƙarancin malamai ba. Abin da take son nunawa shi ne, ko da malamai sun wadata, littattafan da aka tanada da irin jarrabawar da ake yi an shirya su ne domin wani ɗalibi daban, ba wanda yake zaune a ajin Legas ba. An zaɓi Jihar Legas ne domin a cikinta ake samun kowane irin ɗalibi da tanadin ya shafa, sau da yawa a benci ɗaya.

2.0 Ɗaliban da ke cikin aji

Hukumar Bincike da Bunƙasa Ilmi ta Ƙasa, wato NERDC, wadda aka kafa a 1988, ita take tsara manhaja, jihohi kuma su ciro jadawalin aikin kowane zango daga cikinta. Hukumar ta kasa manhajar Hausa ta ƙaramar sakandire gida biyu, ta harshen uwa da ta harshe na biyu. Wannan rabo yana da ma'ana a Katsina, inda kusan duk ajin Hausawa ne, ko kuwa a wani ƙauye na Ekiti, inda ba mai jin Hausa. A Legas kuwa ɗaliban sun fi kashi biyu.

Akwai ɗan Bayarabe ko ɗan Igbo wanda bai san komai ba sai gaisuwar da ya tsinta a wurin mai tsire. Akwai ɗan Bahaushen da aka haifa a Agege ko Idi-Araba ko Obalende, wanda kakanninsa suka zo cinikin goro ko na shanu tun zamanin da jirgin ƙasa ya haɗa Ikko da Kano. Wannan yaro yana magana da Hausa a gida, yana Yarabanci a layi, yana karanta Alƙur'ani a makarantar allo, amma mai yiwuwa ne bai taɓa rubuta jimla ɗaya ta Hausa da boko ba. Hausarsa ma ta sha bamban da ta littafi, domin ta cakuɗa da Yarabanci da Turancin buroka. Sannan akwai ɗan Banufe ko Bazabarme ko ɗan wata ƙabila ta Filato, wanda Hausa ce harshen hulɗarsa da maƙwabta ba tare da ta zama harshen gidansu ba. Idan aka ba waɗannan biyu na ƙarshe manhajar harshe na biyu, za su share shekara suna koyon gaisuwar da suka iya tun suna goye. Idan aka ba su ta harshen uwa, za a tambaye su al'adun da ba su taɓa gani da ido ba, irin su gayya da kalankuwa da tashe. Ba a rubuta wata manhaja domin su ba, alhali su ne suka fi kowa sha'awar ɗaukar darasin.

3.0 Littattafai

Littafin da ya yi fice a wannan mataki shi ne Sabuwar Hanyar Nazarin Hausa Don Ƙananan Makarantun Sakandire, na Zarruƙ da abokan aikinsa, wanda ya fito a shekarun 1980. Aiki ne mai inganci, kuma ya yi wa makarantun arewa hidima mai yawa. Sai dai duk da cewa a Ibadan aka buga shi, mai jin Hausa aka rubuta wa shi. Bayaninsa da umurninsa da tambayoyinsa duk da Hausa suke. A ɗaya gefen kuma akwai littattafan koyon Hausa na baƙi, kamar na Kraft da Kirk-Greene na 1973 da na Cowan da Schuh na 1976. Waɗannan an shirya su ne domin baligi mai jin Turanci, ɗan jami'a a Ingila ko Amurka. Yaro ɗan shekara 11 a Mushin ya faɗa tsakanin biyun, malaminsa kuma yakan ƙare da kwafe wa yara jerin kalmomi a allo tare da fassararsu.

Babbar illar wannan giɓi tana bayyana ne a wajen tsarin sauti, domin matsalolin ɗan Bayarabe sanannu ne, ana iya lissafa su tun kafin ya shiga aji. Yarabanci ba shi da sautin z, saboda haka zo takan koma so a bakinsa. Ba shi da c, sai ci ta zama shi. Ba shi da ɓ da ɗ da ƙ da ts da 'y, don haka kafa da ƙafa, ko bata da ɓata, abu ɗaya ne a kunnensa har sai an horar da shi. Gaɓar Yarabanci buɗaɗɗiya ce, ba ta ƙarewa da baƙi, kuma shaidar haka tana cikin kalmomin da harsunan biyu suka yi tarayya a kansu: inda Bahaushe ya ce albasa da albarka, Bayarabe yakan cusa wasali ya ce alubosa da alubarika. Wannan ne kuma dalilin da ya sa bambancin baba da babba yake yi masa wuyar ji. Littafin da aka rubuta domin Bahaushe ba zai tsaya a kan ko ɗaya daga cikin waɗannan ba, domin ga Bahaushe ba matsala ba ne.

Sha'anin karin sauti da tsawon wasali ya fi wannan ban takaici, domin a nan ɗan Bayarabe yana da jarin da ba a amfani da shi. Harshensa yana da karin sauti iri uku, kuma an koya masa tun firamare cewa ana sa musu alama a rubutu, dogon wasali kuma a ninka shi. Kunnensa ya riga ya goge, ya fi na Baturen da aka rubuta wa waɗancan littattafai nesa. Amma daidaitacciyar ƙa'idar rubutun Hausa ba ta nuna kari ko tsawo. Gari na zama da gari na tuwo rubutunsu ɗaya, haka kuka ta miya da kuka na hawaye. Bahaushe yana warware wannan da sanin da ya taso da shi, baƙo kuwa sai ya yi ta kirdado. Ba sai an taɓa ƙa'idar rubutu ba kafin a magance wannan. Ƙamusun Newman da Newman na 1977 ya sa alamar kari da ta tsawo a kowace kalma, kuma littafin aji ɗaya na harshe na biyu yana iya bin wannan hanya, a riƙa rage alamomin sannu a hankali har a kai ga rubutu na yau da kullum a aji uku.

A nahawu ma haka abin yake. Lamirin Yarabanci bai bambanta namiji da mace ba, Hausa kuwa tana bambantawa har ga wanda ake magana da shi, ka zo da kin zo. Jam'in suna a Yarabanci kalma guda ake sa wa a gaba, na Hausa kuwa hanyoyinsa suna da yawa: gida gidaje, hula huluna, doki dawaki. Waɗannan su ya kamata su cinye mafi yawan lokacin ajin, a yi ta maimaita su da baki. Abin da aka fi gani shi ne a koya wa yaro ma'anar suna da sifa da bayanau, wato a ba shi sunayen abubuwan da bai riga ya mallaka ba. Keɓaɓɓun kalmomin da aka tattara a ƙamusun da Ɗalhatu Muhammad ya tace a 1990 sun taimaka ƙwarai wajen koyar da ilmin harshe da Hausa a kwalejoji da jami'o'i. Saukar da su kan wanda bai iya tambayar kuɗin tumatir a kasuwar Mile 12 ba, ɗora kaya ne tun ba a yi gammo ba.

Akwai darasi a Shirin Firamare na Shekara Shida na Ife, wanda Babs Fafunwa ya jagoranta daga 1970. Masu shirin sun zauna sun rubuta littattafan kowane fanni da Yarabanci, sun horar da malamai a kan amfani da su, suna gwadawa suna gyarawa. Tanadin harshe na biyu bai sami irin wannan gata ba. An kafa Cibiyar Harsunan Nijeriya ta Ƙasa a Aba a 1993, kwalejojin ilmi kuma sun buɗe kwas na Hausa a matsayin harshe na biyu, amma malamin da aka yaye yakan tarar da littafin da ya saɓa wa horon da ya samu.

4.0 Jarrabawa

Malami abin da za a tambaya yake koyarwa, wannan kuwa ba laifinsa ba ne. Manufar koyar da harshe na biyu ita ce yaro ya ji, ya kuma mayar da magana. Amma jarrabawar ƙarshen aji uku, ko wadda Hukumar Jarrabawa ta Jihar Legas take shiryawa ko ta NECO, aba ce ta alƙalami da takarda, kuma tambayoyin zaɓi-ɗaya suna da babban rabo a cikinta. Da irin wannan tambaya ana iya gane ko yaro ya haddace cewa jam'in akuya awaki ne. Ba a iya gane ko zai fahimci tsohuwar da ta tambaye shi hanyar asibiti. Sakamakon haka, ɗalibin da ya ci maki mai kyau bai iya haɗa jimla uku da baki ba, ɗan Agege kuwa da yake mafarki da Hausa ya faɗi saboda bai san inda ake raba kalma ba, ya rubuta yazo maimakon ya zo, ya manta ƙugiyar ƙ. Makin bai gaya wa kowa gaskiya a kan su biyun ba.

Gwajin a-kai-a-kai, wanda ya zo tare da tsarin 6-3-3-4, shi ne ƙofar da ta rage. An shigo da shi ne domin a auna abin da jarrabawar rana ɗaya ba ta iya aunawa, kuma ba fannin da ya fi harshe buƙatarsa. Malami yana iya ware minti uku ga kowane yaro a zango, ya sa shi ya yi ciniki ko ya ba da labarin gidansu, ya ba shi maki a kan furuci da fahimta da saurin amsa. A aikace gwajin ya koma ƙananan jarrabawoyi na rubutu, kwafin babbar. Yawan ɗalibai a aji yana cikin dalilai, amma babban dalili shi ne ba a ba malami ma'aunin da zai bi wajen ba da makin magana ba, abin da ba shi da ma'auni kuwa shugaban makaranta ba zai amince da shi ba.

A babbar sakandire ma rabon harshen uwa da harshe na biyu ɓacewa yake yi baki ɗaya. Takardar Hausa ta WAEC guda ɗaya ce ga kowa, ta ƙunshi insha'i da auna fahimta da fassara da nahawu da al'adu da zaɓaɓɓun littattafan zube da waƙa da wasan kwaikwayo. Ɗan Ikorodu da ya fara Hausa yana ɗan shekara 11 zai zauna takarda ɗaya da ɗan Zariya. Duk uban da ya san haka zai hana ɗansa ɗaukar darasin, kuma yana da hujja. Abin lura shi ne, hukumar tana yin jarrabawar baka a Faransanci. Ke nan dabarar auna magana sananniya ce a wurinta, harsunan gida ne dai ba a ga sun cancanci wahalar ba.

5.0 Bayan 2013

Bugun Manufar Ilmi na 2004 ya riƙe harsuna biyu a cikin darussan dole na ƙaramar sakandire. Da aka rage yawan darussa, bugun 2013 ya bar harshen Nijeriya guda ɗaya kacal. A 2018 kuma Gwamna Akinwunmi Ambode ya sa hannu a kan dokar da ta wajabta koyar da Yarabanci a makarantun jihar, na gwamnati da masu zaman kansu. Gurbin guda ɗaya ya sami mai shi, Hausa ta koma abin da makaranta za ta koyar idan ta ga dama kuma tana da hali. Manufar harshe ta 2022, wadda ta ce a koyar da 'yan firamare da harshen uwa, da soke ta da gwamnatin tarayya ta yi a Nuwamban 2025, duk sun shafi harshen koyarwa ne, ba su mayar da gurbin da aka cire ba.

Ba a ga laifin jiha don ta kare harshen ƙasarta ba, kuma ɗan Bahaushen Legas yana buƙatar Yarabanci mai kyau fiye da yadda yake buƙatar sanin kalankuwa. Sai dai matsalar da aka bayyana a sama juyawa kawai ta yi. Yanzu ɗan Bahaushe da ɗan Igbo da ɗan Ijo su ne baƙi a ajin Yarabanci, kuma dokar ta sa cin Yarabanci ya zama sharaɗin shiga manyan makarantun jihar. Idan littafin da za a ba su na mai harshe ne, jarrabawar kuma ba ta sauraren bakinsu, to, abin da ya sami ɗan Bayarabe a ajin Hausa shi zai same su, da ƙarin cewa wannan karon gurbin karatu ne a kan layi. Gundumar Ilmi ta Ɗaya, wadda ta haɗa Agege da Alimosho da Ifako-Ijaiye, tana da ɗalibai masu jin harsunan biyu da za a iya fara gwada ma'aunin jarrabawar baka a kansu, a ajin Hausa da na Yarabanci a lokaci ɗaya.