4.3 Sharhi a kan "Falsafar Haske da Launi" Tsakanin Birnin Kabi da Argungu

Akwai wani ra'ayi da ya sami gindin zama a bakin mutane, wanda ke nuna cewa Bahaushe yana da wata tsararriyar falsafa ta haske da launi. A bisa wannan ra'ayi, fari shi ne haske da Musulunci da ilimi da zaman gari, baƙi shi ne duhu da jahilci da daji, ja kuwa ƙarfi ne da haɗari. Idan aka zo ƙasar Kabi, sai a ɗora wannan ma'auni a kan tarihi, a ba Gwandu da Birnin Kabi haske, a bar Argungu da duhu. Wannan nazari yana ganin cewa falsafar ƙirƙirarriya ce. An ɗauko hasken da ke cikin rubuce-rubucen masu jihadi, an ɗauko launin da ke cikin bori, an ɗinke su wuri ɗaya, alhali kuwa kowanne da asalinsa da manufarsa. Za a duba wannan ta fuskoki huɗu.

Fuska ta farko ita ce ta rubuce-rubucen masu jihadi. Babu shakka sun yi amfani da kalmar haske ƙwarai. Shehu Usmanu yana da Nurul Albabi da Sirajul Ikhwani. Malam Abdullahin Gwandu kuwa ya buɗe sunayen littattafansa da dama da kalmar "Liya'u", wato haske, kamar Liya'ul Hukkami da Liya'us Siyasati da Liya'us Sultani da tafsirinsa Liya'ut Ta'awili. To amma hasken da suke nufi shi ne shiriya da sanin hukunci, kamar yadda Alƙur'ani ya yi amfani da kalmar. Ba su gina wani tsarin matakan haske ba irin na Suhrawardi, mai Hikmatul Ishraƙi, wanda aka kashe a Halab a shekarar 1191. Haka kuma abin da waɗannan littattafai suka ƙunsa ya sha bamban da koyarwar Najmuddin Kubra (ya rasu 1221), wanda ya yi bayanin launukan hasken da mai halwa ke gani. Abin lura mafi muhimmanci shi ne dalilin rubuta Liya'ul Hukkami. Malam Abdullahi ya rubuta shi a Kano wajen shekarar 1807, bayan ya bar jama'arsa da niyyar tafiya gabas saboda son duniya da ya ga ya fara shiga tsakaninsu, kamar yadda ya nuna a Tazyinul Waraƙati. Ke nan fitilar da ya kunna, mahukuntan ɓangarensa ya fara haska wa. Wanda ya mayar da ita tutar wani gari a kan wani gari ya sauya mata aiki.

Fuska ta biyu ita ce ta bori. Greenberg (1946) da Besmer (1983) sun kawo rabuwar iskoki zuwa Farfaru da Babbaƙu. Farfaru su ne ake ɗauka Musulmi mazauna gari, Babbaƙu kuwa arna mazauna daji. Wannan rabo shi kansa shaida ne cewa tsarin yana da lokacin da ya faro, domin iska mai riga da rawani da tasbaha irin Malam Alhaji ba zai samu ba sai bayan zuwan Musulunci. Bugu da ƙari, farin iska ba ya nufin iska mai alheri. Malam Alhaji ana danganta shi da tari mai naci, Ɗan Galadima kuma da almubazzaranci da caca. Doguwa akwai fara akwai baƙa, kuma duk tsoronsu ake yi. A wurin 'yan bori, iskan da ya sa cuta shi ake roƙo ya ɗauke ta, fari ne ko baƙi. Launi a nan alama ce ta gane dangin iska da irin tufarsa da irin dabbar da ake yanka masa. Bai zama ma'aunin kirki da mugunta ba.

Fuska ta uku ita ce ta harshe, wadda masu wancan ra'ayi suka fi dogara da ita. Gaskiya ne ana cewa farin ciki da baƙin ciki, farin jini da baƙin jini, farar aniya da baƙar aniya. Sai dai harshen bai tsaya nan ba. Mace mai farar ƙafa gudunta ake yi. Farin shiga shi ne wanda bai san kan aiki ba. Likkafani fari ne. A ɗaya ɓangaren, haruffan da ake rubuta Alƙur'ani da su baƙaƙe ake kiransu, kuma da baƙar tawada almajiri ke rubuta allonsa. Rigar Ka'aba baƙa ce, haka ma dutsen da alhazai ke rububin sumbata. Baƙin rawani ɗan Kura kayan manya ne. Bahaushe da kansa ya ce baƙar tukunya ita ke fid da farin tuwo. Turner (1967) ya tarar da muhimmancin fari da ja da baƙi a tsafe-tsafen Ndembu na ƙasar Zambiya, amma samun launuka uku a wurin wata al'umma ba ya wajabta su ɗauki ma'ana guda a wurin kowa. Wanda ya zaɓi misalan da suka yi masa daɗi ya zubar da sauran, ra'ayinsa ya bayyana, ba tunanin Bahaushe ba.

Fuska ta huɗu ita ce ta tarihi, kuma a nan illar take. A shekarar 1805 rundunar da Malam Abdullahi ya jagoranta ta ci Birnin Kabi, Sarkin Kabi Muhammadu Hodi ya fita, aka naɗa Usmanu Masa, wanda shi ma ɗan gidan sarautar Kabi ne. Wannan ya nuna tun daga farko Kabawa ba ɓangare ɗaya suke ba. Sama'ila Karari ya ci gaba da turjiya daga Argungu har aka kashe shi a 1831. Ɗansa Yakubu Nabame ya yi shekaru a hannun Sakkwato kafin ya ɗaga tuta a 1849. A 1867 ɓangarorin suka ƙulla sulhun da aka sani da Lafiyar Toga, a 1934 kuma Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu ya ziyarci Argungu, ziyarar da ake danganta bikin kamun kifi na yanzu da ita. Tarihi mai ɗauke da naɗi da tawaye da sulhu da ziyara, tarihin mulki ne da iyaka da biyayya. Launi biyu ba za su iya ɗaukarsa ba. Idan kuwa an kafa hujja da gyaran ruwa da fashin ruwa na Argungu, to bori da tsibbu ba su taɓa tsayawa a iyakar masarauta ɗaya ba.

A taƙaice, wannan nazari bai musanta cewa Bahaushe yana fifita fari a wurare da dama ba. Abin da ya ƙi amincewa da shi shi ne mayar da wannan fifiko falsafa, sannan a yi wa jama'a hukunci da ita. Birnin Kabi da Argungu suna jiha ɗaya, kuma 'ya'yansu aji ɗaya suke zama su karanta wannan tarihi. Ya kamata manazarci ya riƙa tambayar wane ne ya kira wani abu fari ko baƙi, a wane lokaci, kuma da wace manufa. Da wannan ma'auni za a dubi kirarin iskoki a sashe na gaba.