4.3 Matsayin Talaka a Muhawarar Talabijin: Tsokaci Daga Tambuwal da Kebbe

A wannan sashe an duba irin damar da muhawarar talabijin kan bai wa talaka ya faɗi albarkacin bakinsa, an kuma ɗauki ƙananan hukumomin Tambuwal da Kebbe na kudancin Jihar Sakkwato a matsayin ma'auni.

Idan aka waiwayi tarihi, za a ga cewa talaka ya fara ne a matsayin ɗan kallo. A muhawarar da gidan talabijin na NTA ya nuna tsakanin Alhaji M.K.O. Abiola da Alhaji Bashir Tofa gab da zaɓen 12 ga Yuni, 1993, 'yan takara da masu yi musu tambaya ne ke da bakin magana. An sami sauyi a shirin The Candidates wanda Kadaria Ahmed ta jagoranta a watan Janairu, 2019, inda aka bai wa mahalarta zaure dama su yi wa Muhammadu Buhari da Atiku Abubakar tambayoyi, kowa a ranarsa. Babu shakka wannan ci gaba ne, domin an nuna wa jama'a cewa mai neman mulki abin tambaya ne.

Sai dai in aka auna wannan ci gaba da halin mutumin Kebbe, za a tarar da naƙasu. Na farko shi ne wuri. A Abuja aka yi shirin, don haka wanda ya shiga zauren mazaunin birni ne ko mai halin zuwa birni. Manomin da ke fama da tsadar taki ko rashin hanyar fitar da amfanin gona sai dai wani ya ari bakinsa ya ci masa albasa. Na biyu shi ne harshe. Da Turanci aka gudanar da shirin, alhali da Hausa, Sakkwatanci ma kuwa, mafi yawan mutanen wannan yanki ke tattauna al'amuransu. Wanda bai ji tambaya ba, ba zai iya auna amsa ba.

Naƙasu na uku ya shafi tsarin muhawarar kansa. Mai tambaya magana ɗaya yake yi ya zauna, ɗan takara kuma ya amsa yadda ya ga dama, ba a cika komawa ga mai tambaya a ji ko ya gamsu ba. Ga Bahaushe kuma akwai ƙarin nauyi, domin tarbiyyarsa ta hana shi katse babba ko ya ƙaryata shi a bainar jama'a. Ke nan, ko an ba shi dama, ladabi kan rage kaifin maganarsa, sai in mai gabatarwa ya bi masa kadin tambayar.

Ba za a ce ra'ayin wannan yanki ba shi da tasiri ba. Mazaɓar Kebbe da Tambuwal ce ta tura Aminu Waziri Tambuwal Majalisar Wakilai daga 2003 zuwa 2015, har ya shugabanci majalisar daga 2011. Haka kuma, a zaɓen gwamna na 2019 da ratar ƙuri'a 342 kacal ya ci, bayan an kammala zaɓen a wasu rumfuna, ciki har da na Kebbe. Wato mutanen da ƙuri'unsu ke iya raba gardama su ne ba a jin muryarsu a zauren gardamar.

Saboda haka, wannan nazari na ganin cewa yawan mahalarta zaure bai isa hujjar cewa an saurari talaka ba. Gyara shi ne kafofin jiha, irin su Talabijin na Rima, su riƙa kai muhawara hedikwatocin ƙananan hukumomi, a yi ta da Hausa, a haɗa da rediyo wanda ya fi isa ƙauyuka, sannan a bai wa mai tambaya damar mayar da martani ko da sau ɗaya ne.